Hannuwan da Suka Riƙe Tarihin Normawa

A ranar 14 ga Oktoba, 1066, Wiliyam mai mulkin Normandi ya kara da Sarki Harold na Ingila a kusa da garin Hastings. Kafin duhu ya rufa Harold ya kwanta dama, ranar Kirsimeti kuma aka naɗa Wiliyam sarki a Westminster. Yaƙin yini ɗaya ne. Amma yau shekara kusan dubu ke nan masana suna bin diddigin al'ummar Wiliyam, wato Normawa, jikokin mayaƙan teku na arewacin Turai da suka zauna a arewacin Faransa tun 911. Tun 1978 suke taron shekara-shekara, wanda R. Allen Brown ya kafa, suna fitar da mujalladi bayan mujalladi. Duk wannan ilimi a kan gumin ma'aikata yake tsaye: magatakarda, majema, masu allura, masu kwafe rubutu. Saboda haka da ku nake magana, malaman makaranta da akawuna da masu riƙon rajista da teloli da ɗalibai masu kwana a kan bincike, duk wanda ya taɓa tashi daga aiki a gajiye yana tambayar kansa ko wani zai san ya yi.

Mu fara da magatakarda. A ƙarshen 1085 Wiliyam ya zauna da fadawansa a Gloucester, ya ba da umarnin a ƙidaya masa ƙasar da ya ci. A 1086 wakilansa suka bazu gunduma-gunduma, suna rantsar da mutanen gari suna tambaya. Wa ya mallaki wannan ƙasa a zamanin Sarki Edward da ya gabaci Harold, wa ke riƙe da ita yanzu? Garma nawa ce, manoma nawa, bayi nawa, injin niƙa mai aiki da ruwa nawa? Abin da aka tattara shi ne littafin Domesday, mai ɗauke da sunayen wurare sama da 13,000. Masu nazarin rubutun hannu sun gano cewa babban mujalladinsa kusan duka mutum ɗaya ne ya rubuta shi. Shi ya taƙaita rahotannin, ya tsara su, ya ja layi da jar tawada a kan sunayen garuruwa domin mai nema ya gane su da sauri. Bai rubuta sunansa a ko'ina ba. Kafin ya tsoma alƙalami a tawada, majema sun jiƙa fatu ɗaruruwa, sun kankare gashi, sun shanya, sun goge har fata ta karɓi rubutu. Wiliyam ya mutu a 1087, gidan sarautarsa ya yi mulki ya wuce, littafin kuwa yana nan a ma'ajiyar takardun gwamnatin Birtaniya da ke Kew. Garuruwa da yawa a Ingila, a shafinsa sunansu ya fara bayyana a rubuce.

Akawun da ke cike rajistar haihuwa ko ta filaye a ofishin da fanka ba ta juyawa, ka ji wannan da kyau. Layin da kake rubutawa yau, wata rana shi kaɗai ne shaidar da marayu za su riƙe a gaban alƙali. Ka rubuta shi daidai, ka rubuta shi yadda zai karantu.

Sai masu allura. A Bayeux, cikin Normandi, aka adana wani dogon ƙyalle na lilin mai tsawon kusan mita 70, faɗinsa kamar rabin mita, an yi masa surfani da zaren ulu mai launi-launi, yana ba da labarin yaƙin tun daga musabbabinsa. Yawancin masana suna ganin Odo, bishop na Bayeux kuma ɗan'uwan Wiliyam ta wajen uwa, shi ya sa aka yi, kuma a Ingila aka ɗinka shi, wato hannun waɗanda aka ci da yaƙi ne ya yi aikin. Abin da ke burge ni a ciki shi ne masu ɗinkin ba su manta da 'yan'uwansu ma'aikata ba. Ga masu sare itatuwa da gatari, ga masassaƙa suna fafe katakon jirgi, ga mutum biyu sun ɗauko sulke a rataye a jikin sanda saboda nauyinsa, ga masu dafa abinci suna miƙa nama a tsinke, ga masu haƙa ƙasa da shebur suna tara tudun ganuwa. A gefen ƙasa har manomi yana nan yana huɗa yana watsa iri. Masana na duba ƙyallen nan domin su fahimci ƙirar jirgi da sirdi da kwalkwali na wancan zamani, domin masu surfanin sun kalli abu da kyau kafin su ɗinka. A 1885 wasu mata sama da talatin a garin Leek, ƙarƙashin jagorancin Elizabeth Wardle, suka zauna suka ɗinka kwafinsa cikakke, suka gama a 1886. Kowacce ta ɗinka sunanta a ƙarƙashin ɓangaren da ta yi. Kwafin yana nan a gidan tarihi na Reading.

Wanda ya fi taɓa zuciyata shi ne Orderic Vitalis. An haife shi a 1075 kusa da Shrewsbury, aka yi masa baftisma a ƙauyen Atcham. Ubansa Bafaranshe ne, uwarsa 'yar Ingila. Yana ɗan shekara goma ubansa ya tura shi ƙetaren teku zuwa gidan 'yan zuhudu na Saint-Évroult a Normandi, inda ya tarar da harshen da ba ya ji, kuma bai sake ganin uban nasa ba. A nan ya shafe kusan shekara talatin yana rubuta tarihinsa mai littattafai 13, har zuwa 1141. A wani wuri ya faɗa wa mai karatu cewa sanyin hunturu ya sandarar masa da yatsu, zai dakata sai yanayi ya sassauta. Da ya sassauta kuwa ya dawo ya ci gaba. Kuma bai sayar da alƙalaminsa ba. A ƙasar Normawa yake ci yake sha, ya yabi Wiliyam a wurare da dama, amma da ya zo kan yadda sarkin ya ƙone arewacin Ingila a 1069 zuwa 1070, ya lalata amfanin gona da dabbobi har yunwa ta kashe jama'a, sai ya fito fili ya ce wannan zalunci ne da ba zai yaba ba. Littafin Domesday ya mara masa baya, domin shekara goma sha shida bayan haka ƙauyuka da yawa na Yorkshire a matsayin kufai aka rubuta su.

Shekara 840 bayan haihuwar Orderic, a 1915, aka haifi Marjorie Chibnall a wannan ƙauye na Atcham. Ta yi karatu a Oxford, ta koyar a Cambridge, sannan a 1965 ta ajiye muƙaminta domin ta fuskanci Orderic. Ta bi rubutun hannunsa na Latin shafi-shafi, ta warware taƙaitattun kalmomi, ta gano mutanen da ya ambata, ta nuna inda ya yi kuskuren shekara, ta fassara. Mujalladi shida suka fito daga 1969 zuwa 1980. Duk mai rubutu a kan Normawa yau sai ya jawo su daga kanta. Tana da shekara 85 ta sake fitar da littafi a kan Normawa, a 2000. Ɗalibin da ya gaji da babi na uku na kundinsa, da malamar da ke duba takardun jarrabawa bayan ta kwantar da yara, ku duba wannan baiwar Allah ku ƙara ɗamara. Sannu ba ta hana zuwa.

Akwai kuma ƙofar da ta buɗe ta wajenmu. Wani reshe na Normawa ya ci tsibirin Sisili a ƙarni na 11, suka tarar da Musulmi masu ilimi, suka riƙe diwani, wato ofishin takardun mulki, mai aiki da Larabci. A fadar Sarki Roger na Biyu a Palermo ne Idrisi ya kammala littafinsa na labarin ƙasa a 1154, bayan shekaru yana tambayar matafiya da fatake yana gwada maganar wannan da ta wancan. A ciki ya ambaci Gana da Gao da Kanem da Kawar. Takardun filaye na wannan diwani, wasu da Larabci da Girkanci a shafi ɗaya, suna nan a ajiye, masani Jeremy Johns ya rubuta littafi guda a kansu a 2002. Matashin da ya sha Nahawu da Balaga a zaure a Kano ko Sakkwato ko Damagaram yana riƙe da harshen da yawancin masanan Normawa ba su da shi. Ya ƙara Latin a kai, ya nemi hotunan takardun, ya zauna ya karanta.