Allon Da A Ke Wankewa Da Wanda Ba A Wankewa

Tambayar wannan mako ita ce: shin ɗan Adam yana iya zana lokaci?

Mai zane ba ya kama kome sai ƙiftawar ido guda. Wanda ya zana Kogin Kano a wajen Tiga a 1970, ruwa mai gudu da gonaki ya zana. Da aka gama madatsar ruwa a 1974, zamanin Gwamna Audu Baƙo, wurin ya zama tafki, zanen kuwa yana nan yadda ya ke, bai san an yi ba. Saboda wannan gajiyawa ne masu hikaya su kan riya wani allo na sihiri, wanda in an ɗora masa alƙalami sai jiya da yau da gobe su bayyana tare: ga jariri a goye, ga furfurarsa, ga makararsa, duk a fuska ɗaya. Ba a taɓa sassaƙa irin wannan allo ba, amma kwaɗayinsa yana nan cikin zukata.

Allon da ke hannun mutane shi ne na makaranta. A tsangayoyin Kiru da Bebeji, da Tudun Wada har Doguwa, a kan rubuta wa kolo karatunsa, ya biya, ya haddace, sa'an nan ya wanke, ya shanya, a sake rubuta wani. Fuska biyu kaɗai gare shi, ɗaya ta tsohon karatu, ɗaya ta sabo. Izu sittin su kan ratsa ta kan wannan ɗan itace, amma ba wanda ya taɓa ganinsu tare a kansa. Da shekaru suka tura, sai a ga allon gardi ya yi duhu saboda inuwar tawada, gefensa ya suɗe saboda riƙo. In akwai hoton lokaci a hannun ɗan Adam, to wannan ne. Allon zayyana kuwa, mai ja da rawaya da kore, wanda a ke yi wa mai sauka, ba a wanke shi. Ya fi kyau ƙwarai, amma rana ɗaya tak ya riƙe, kuma ba a ji yaron da ya koyi babbaƙu a kansa ba.

Allon da ya tattara jiya da gobe lalle akwai shi, sai dai ba na sihiri ba ne, ba kuwa a hannun talikai ya ke ba. Shi ne Lauhul Mahfuzu, wanda aka ambata a ƙarshen Suratul Buruji. Muslim ya ruwaito cewa an rubuta ƙaddarorin halitta shekara 50,000 kafin a halicci sammai da ƙasa. Ƙarshen Suratu Luƙman kuma ya lissafta abin da rai zai aikata gobe, da ƙasar da zai mutu, cikin abubuwan da Allah Ta'ala Ya keɓe wa saninSa.

Duk da haka akwai masu da'awar leƙa shi. Mai bugun ƙasa ya kan baza rairayi, ya ja layuka da yatsa, ya share, ya sake ja, wai yana karanta gobe. Direba ya kan je masa kafin ya yi lodi a Kwanar Dangora, mace ta kan sayar da akuyarta ta kai masa kuɗin. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wanda ya rasu a 1817, ya tsananta magana a kan masu wannan da'awa cikin Nurul Albabi. A hadisin Muslim kuma, wanda ya je wa mai duba ya tambaye shi, ba a karɓar sallarsa ta kwana 40.

To, a ƙaddara ma mai duba gaskiya ya ke faɗi. Manomin da ya ga fari a allo ba zai yi shuka ba. Wanda ya ga saura shekara 40 ya mutu zai jinkirta tuba zuwa ta 39, wanda ya ga saura wata guda kuwa tuwo ba zai ƙara yi masa daɗi ba. Balle ma ba gobe ya ke sayarwa ba, zato ne. Mafi yawa abin da a kan komo da shi gida shi ne sunan kishiya ko na ɗan uba, wai su suka sa hannu.

A nan misalin allo ya ke tsayawa. Abin da ke tsakanin bawa da Ubangijinsa tuba tana wanke shi, kamar yadda kolo ke wanke karatun jiya. Haƙƙin mutum kuwa, malamai sun ce sai an mayar ko an nemi gafarar mai shi. Wadda ta ƙaurace wa kishiyarta shekara biyar bisa maganar mai rairayi, bayan istigfari sai ta taka har ɗakinta ta yi sallama.