Sau Nawa Ya Kamata a Ceci Mutum Ɗaya?

A shekarar 2017 wani kansila a garin Middletown, cikin jihar Ohayo ta Amurka, ya kawo shawara mai ban tsoro. Ya ce wanda aka farfaɗo da shi sau biyu bayan ƙwaya ta kayar da shi, in bai biya da aikin gayya ba, kada a tura masa motar asibiti a karo na uku. Hujjarsa ita ce kuɗin gari na ƙarewa. Shawarar ba ta zama doka ba, amma tambayar tana nan.

A Oktoban 2017 gwamnatin Amurka ta ayyana annobar a matsayin lamarin gaggawa na lafiyar jama'a. A 2021 sama da mutum 100,000 suka mutu ta shan ƙwaya fiye da kima. Da yawa sun fara ne da takardar likita, musamman bayan fitowar maganin ciwo OxyContin a 1996. Da samunsa ya yi wuya, suka koma hiroyin, daga baya fentanil, wanda ya fi shi kisa. Waɗannan ƙwayoyi suna rage numfashi har ya tsaya, maganin naloksan kuwa yana dawo da shi cikin 'yan mintoci.

Kansilan yana da 'yar gaskiya: dukiyar jama'a amana ce, mashayi kuma ba ya rasa alhaki. Koyarwar Ikilisiya ta ɗauki shan ƙwaya babban laifi. Amma ita ce kuma ta koya mana cewa ɗabi'ar da ta kama mutum tana iya rage nauyin laifinsa. Wanda jikinsa ke karkarwa da amai in ya yini bai samu ba, 'yancinsa ya raunana ƙwarai.

Inda na saɓa da shi shi ne wajen ƙidaya. Ba ma ƙirga wa mai ciwon sukari sau nawa ya karya dokar likita kafin mu kai shi asibiti. Komawa ƙwaya bayan an daina alama ce ta ciwon kansa, kuma lokacin ne ya fi haɗari, domin jiki ya rasa juriyarsa ta dā, awon da mutum ya saba sha sai ya kashe shi. Dokar karo na uku za ta faɗa ne a kan wanda ya yi ƙoƙarin dainawa, kafin ta kai ga wanda bai taɓa gwadawa ba.