Wanda Kotu Ta Wanke, Ya Wanku?

A ƙasar Indiya akwai wata doka ta 1966 da ta shafi riƙe kayan jirgin ƙasa ba bisa ƙa'ida ba. Sashe na 3 na dokar ya juya abin da aka saba a shari'a. Da zarar an nuna cewa kayan na hukumar jiragen ƙasa ne, an same su a hannun mutum, kuma akwai dalilin zaton na sata ne, to nauyin hujja ya koma wuyansa. Shi zai tabbatar da cewa ta hanyar halal ya same su, idan ya kasa kuwa, ɗaurin yana iya kaiwa shekara 5.

Wanda ya dame ni shi ne mutumin da ya tsallake wannan siraɗi. A ɗauka mai sayen tsofaffin ƙarafa ne, aka tsinci guntun ƙarfen dogo cikin tarkacensa, majistare ya saurari shaidu ya wanke shi. Sai ga sammaci: hukuma ta ɗaukaka ƙara. Shin adalci ne a sake mayar da shi gaban alƙali?

Da farko na ce zalunci ne tsantsa. A Amurka, wanda aka wanke ya wanku, gwamnati ba ta da bakin ɗaukaka ƙara. Daga baya na ja da baya kaɗan. Ƙarfen da ke haɗa layin dogo ba dukiyar wani attajiri ba ne. Idan aka kwance shi, rayukan fasinjoji ne a kan gaba. Alƙali kuma ɗan Adam ne, yana kuskure, wani lokaci ma ana iya saye shi.

Duk da haka, ƙarfin ɓangarorin biyu ba ɗaya ba ne. Gwamnati ba ta tsufa, ba ta rufe shago don ta je kotu, kuma lauyoyinta albashi suke ci. Shi kuwa kowace ɗage shari'a cinikin yini guda ne ya tafi, ga maƙwabta da suka daɗe da yanke nasu hukuncin.

Kotun Ƙolin Indiya ta hango wannan. A shari'ar Chandrappa da Jihar Karnataka, a 2007, ta bayyana cewa wankewa tana ƙara ƙarfafa zaton rashin laifi, kuma idan hujjoji suna iya ɗaukar fahimta biyu masu ma'ana, kotun sama ba za ta rushe hukuncin ba don kawai ta fi son ɗayar. Nan na tsaya ni ma. A bar ƙofar ɗaukaka ƙara a buɗe ga hukuncin da ya kauce wa hujja ƙarara. Amma idan jami'an tsaron jirgin ƙasa ne suka kasa nuna cewa ƙarfen ma na hukumar ne, ban ga dalilin da zai sa mai gwangwan ya biya sakacinsu da wasu shekarun rayuwarsa ba.