Cinikin gona a ƙasar Dakoro: yaushe saye yake tabbata?

A mazhabar Malikiyya, wadda malaman Dakoro suke bi, ciniki yana ƙulluwa da zarar mai sayarwa ya ce ya sallama, mai saye ya ce ya karɓa. Ba sai an watse daga wurin zaman ba, domin Imamu Malik bai ba kowa damar janyewa don kawai ba a tashi ba tukuna. Ayar farko ta Suratul Ma'ida ta wajabta cika alkawari, aya ta 282 ta Suratul Baƙara kuma ta yi umarni da rubuta bashi da kafa shaidu a ciniki. Wanda ya sayar da gonarsa a shekarar yunwa, damina ta yi kyau ya dawo da kuɗin yana neman a warware, ba shi da hujja. Sai dai mai saye ya tausaya masa ya yarda, abin da shari'a take kwaɗaitarwa a kai ba tare da tilasta shi ba.

Duk wannan ya rataya ne a kan sharaɗi ɗaya: mai sayarwa ya zama shi ne mai abin. A nan mafi yawan rigingimu suke tasowa. Gonar gandu da uba ya bari ba a raba ba, ta magada ce duka, har da ƴaƴa mata da aka aurar wani gari da ƙanen da ya tafi cirani Najeriya ko Libiya. Idan babban wa ya sayar da ita shi kaɗai, cinikin bai wuce rabonsa ba, sauran kuma suna da haƙƙin shufu'a, wato su biya kuɗin su karɓe rabon daga hannun baƙo.

Jingina ta fi wannan sarƙaƙiya. Mutum ya karɓi jaka hamsin ko buhunan hatsi, ya miƙa gona har sai ya biya. Shekaru su shuɗe, shi da mai kuɗin su rasu, dattawan da aka yi a gabansu ma su rasu. Ƴaƴan mai gonar su ce jingina ce, ƴaƴan mai kuɗin su ce saye ne, kowane ɓangare yana faɗin abin da ya ji daga bakin ubansa, ba lalle akwai maƙaryaci a cikinsu ba. Risalar Ibn Abi Zaid ta tanadi cewa wanda ya riƙe wuri shekara 10, mai da'awa yana nan yana gani bai ce komai ba, ba a sauraron da'awar daga baya, amma ba a yin wannan lissafi tsakanin dangi da surukai, inda kunya take hana magana. Dogon riƙo kuma ba ya mayar da aro ko jingina su zama mallaka matuƙar an san asalinsu. Malamai da yawa ma suna ganin cin amfanin gonar jingina riba ce, tunda bashi ne ya jawo shi.

Gwamnati ta shiga lamarin da dokar ƙasar karkara ta 2 ga Maris 1993, wadda ta daidaita mallakar al'ada da ta takarda wajen samun kariya, ta kuma kafa hukumomin filaye da ake kira Kofo. Su ne suke duba iyaka, su ba da takardar saye, kyauta, aro ko jingina. Idan rigima ta tashi, mai gari ne farko, sannan sarki, kamar na Kornaka ko na Birnin Lalle. Aikinsu sulhu ne, sai ya gagara a wuce gaban alƙali. Takardar Kofo tana da amfani ƙwarai, amma abin da aka faɗa wa marubuci take ɗauka. Idan ba a kira magada da maƙwabtan iyaka ba, ƙarya ce ta samu hatimi.

Dakoro tana da wata matsala da kudancin Maradi bai sani ba sosai. Dokar 1961 ta ja iyakar noma ta arewa, wadda ta ratsa wajen kwarin Tarka, dokar kiwo ta 2010 kuma ta hana mallake filin kiwo. Wanda ya sayi gona arewa da iyakar, ko a kan burtali, ya sayi abin da mai sayarwa bai taɓa mallaka ba, ko da ya share daji da hannunsa.

Idan shaidu suka ƙare, sai rantsuwa: hujja a kan mai da'awa, rantsuwa a kan mai musu. Mutane suna tsoron dafa Alƙur'ani a kan gona, domin hadisi ya yi gargaɗi mai tsanani ga wanda ya ci ko taƙi ɗaya na ƙasa da zalunci. Wani hadisin ya bayyana cewa hukuncin alƙali a kan zahiri yake, ba ya halatta wa mutum abin da ya san ba nasa ba ne. Saboda haka malamai suka ce wanda ya yi nasara da shaidar zur wajibi ne ya mayar da gonar, ko da hukunci yana hannunsa, magajin da ya gano gaskiya daga baya ma haka.