Aikin Allah Ba Ya Hana Rubuta Lissafi



Idan jama'a suka taru a Gumel, Maigatari, Gagarawa ko Sule Tankarkar don kafa ƙungiyar taimakon marayu, akan sami saɓani tun zaman farko. Wani ya ce a rubuta ƙa'idoji, a naɗa ma'aji, a buɗe littafin kuɗi. Wani kuwa ya ce ai aikin Allah ne, rubutu alamar zargi ce. To, wa ke kan daidai?

Aya mafi tsawo cikin Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, umarni ce da rubuta bashi da kafa shaidu, kuma da muminai take magana. In bashin mutum biyu ya buƙaci alƙalami, ina ga dukiyar maraya?

Dokar kamfanoni ta 2020 ma ta shar'anta wa mai neman rajista a hukumar CAC rubutattun ƙa'idoji, da sunayen amintattu, da sanarwa a jarida, da jiran kwana 28 ko akwai mai ƙorafi. Kalmar amintattu kuwa tushenta ɗaya da amana.

Falken da ya sayar da rago ran Alhamis a kasuwar Maigatari ya ba da sadaka, ba zai bi kuɗinsa ya ga inda suka shiga ba. Ranar da shakka ta shige shi zai janye hannu, maraya ne zai kwana da yunwa. Rubutu ke kare zuciyar mai bayarwa da mutuncin ma'aji. Allah Ya ba da ikon riƙe amana, amin.