Fim ɗin Tarihin Unguwa Shaida Ne

Kwanan nan ana ta maganar matasanmu da ke son ɗaukar tsofaffin gidaje da masallatai da hirar dattawa, su haɗa fim na tarihin unguwa. Wasu daga cikinmu na cewa me za a yi da hoton bango, alhali duniyar ma ba matabbata ba ce? Tambayar tana da nauyi, ya kamata mu amsa ta.

Gaskiya ne gini ba ya dawwama. Ko ganuwar Kano, da aka fara tun zamanin Sarki Gijimasu, ta zaizaye a wurare da dama, kuma a 2010 aka rushe Ƙofar Na'isa don faɗaɗa titi. In haka ta sami babban birni, ina ga gidan maigidan da ya sauki fataken goro a nan Ibadan? Magada za su sayar, a yi bene da shaguna, shi ke nan.

To amma mu zaman da muke yi daban ne. A 1916 aka kafa Sabon nan, shekara ɗari da ɗoriya ke nan, duk da haka in rigima ta taso sai ka ji an kira mu baƙi. Yaron da aka haifi kakansa a nan, da me zai ba da amsa? Abner Cohen, mai bincike daga Ingila, ya zauna cikinmu, ya rubuta yadda masu gida da dillalai ke tafiyar da cinikin shanu da goro, littafin ya fito a 1969. Da Turanci yake, kuma mu nawa muka taɓa ganinsa? Fim da Hausa kuwa, ko tsohuwa a cikin gida za ta gane.

Saboda haka mu a ganinmu wannan aiki shaida ce, kuma duk wanda ya zauna gaban malam ya san shaida tana da ƙa'ida. Ba a ɓoye ta, ba a ƙara mata gishiri. In fim ya tsaya kan sarakai da alhazai kaɗai, ya manta da 'yan dako da mahauta da matan da suka riƙe gidaje da sana'ar tuwo da fura, an tauye shaida. In ya ɓoye cewa Yarbawa ne suka karɓi kakanninmu, aka yi ciniki da auratayya, nan ma an tauye.

Shaida kuma ba tonon asiri ba ce. Dattijo in hira ta yi daɗi yakan ambaci bashin wani ko rikicin gadon wani gida. Mai kyamara ya ji tsoron Allah ya cire, don jikokin mutanen suna nan da rai. A nemi izini kafin a shiga gida, a nuna wa tsoho abin da aka ɗauka kafin a saka a intanet.

Sannan kada fim ya ƙare a wayar mutum ɗaya. A ajiye kwafi a fadar Sarkin Hausawa, wani a makarantun Islamiyyarmu. Mu 'yan kasuwa mu taimaka da kuɗin aiki, matasa kuma su fara da dattawan da suka fi tsufa tun suna iya magana.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu.