Hannun da Aka Cafke a Taga

Mutanen Ainu na tsibirin Hokkaido, a arewacin Japan, suna da labarin wasu ƙananan halittu da ake kira Koropokkuru, mazauna ƙarƙashin faffaɗan ganyen tsiron fuki. Cikin dare sukan miƙo kifi da naman dawa ta taga, su juya ba wanda ya gan su. Sharaɗinsu guda ne: a karɓa, kada a leƙa. Wata rana wani saurayi ya laɓe, ya cafke hannun da ya miƙo kyautar, ya jawo shi ciki. Sai ga budurwa. Ta fizge cikin fushi ta fice, daga ranar ba a ƙara jin ɗuriyarsu ba.

Saurayin bai yi sata ba, bai zubar da jini ba. Mene ne laifinsa? A ganina, ya ɗauka cewa wanda ya ciyar da shi ya zama mallakinsa, har yana bin sa bashin fuska. Alhali mai alheri na da haƙƙin sutura, kuma cikar godiya ita ce a girmama iyakar da ya shata.

Tarihi ya maimaita wannan laifi a kan masu labarin kansu. A 1899 gwamnatin Japan ta kafa dokar da ta kira Ainu tsoffin 'yan ƙasa, ta tura su ga noma da rayuwar Japanawa. A 1903 aka baje wasunsu a wani babban baje kolin Osaka, 'yan kallo na zagaye su. Sai a 2019 doka ta amince da su a matsayin 'yan asalin ƙasa, bayan harshensu ya kusa ɓacewa.

Don haka duk wanda ya mayar da wannan labari ɗan gajeren fim na zane, yana tsaye ne daidai inda saurayin ya laɓe, domin sana'arsa nunawa ce. Za a iya cewa ɓoyewa ma kan kashe labari, kuma haka ne: tatsuniyar da ba a faɗa ba takan mutu da tsoffinta. Amma nunin da mai abu ya yarda da shi daban yake da fizga. Idan mai zanen ya nemi izinin Ainu, ya ambaci sunansu, ya bar wa ganyen inuwarsa, ya karɓi kyautar yadda aka miƙo ta. Idan kuwa ya ɗauki halittun don kyansu kawai ya manta da masu su, ya sake kama wannan hannu.